Ƙissar Abu Basir da Masu Tare Hanya



Sau uku ke nan a watan nan ana turo mini tambaya iri ɗaya ta akwatin saƙo, kuma duk matasa ne. Wai sun ji wani a cikin sautin da ke yawo a WhatsApp yana cewa shiga daji da makami, da tare hanya, da hana abinci shiga gari, duk suna da asali a Sira, hujjarsa kuwa ƙissar Abu Basir. To ƙissar dai gaskiya ce, tana cikin Sahihul Bukhari a Kitabus Shuruɗ. Sai dai mutumin rabinta ya karanta ya rufe littafin.

Mu fara fahimtar abin da ake magana a kai. Garin da ke da ganuwa, da rijiyoyi a ciki, da rumbuna cike, zai iya yin wata da watanni yana leƙen maƙiyi ta saman katanga. Ita ma rundunar da ta yi masa ƙawanya ai ci take yi, dawakinta na son harawa, damina na faɗuwa hankalin mutanenta ya koma gona. Sau da yawa mai kewaye garin ne ke fara gajiya. Shi ya sa tun zamanin da, ƙananan ƙungiyoyi ne ke ƙarasa aikin, 'yan sari-ka-noƙe, waɗanda ba sa tsayawa a yi gaba da gaba. Su tare ayari, su kore garke, su kama ɗan aike, su hana manomi fita, kafin a ɗaura sirdi sun ɓace. Mutum ashirin da suka san daji sai su hana mutum dubu barci.

Wannan ya faru a Ɗa'ifa. Bayan yaƙin Hunaini, a Shawwal na shekara ta 8 bayan Hijira, Manzon Allah Sallallahu alaihi wa sallam ya kewaye garin Saƙifawa. An kafa majaujawa, an tura sahabbai ƙarƙashin rumfar fata don su fasa katanga, mutanen ciki suka riƙa zubo musu ƙarfe mai zafi suna harbi da kibau. Sahabbai wajen 12 suka yi shahada, gari bai buɗu ba. Annabi ya ce a tashi. Da aka nemi ya yi musu mummunar addu'a, shiriya ya roƙa musu. Bayan haka Maliku ɗan Aufu, wanda shi ne ya jagoranci Hawazinawa a Hunaini, ya zo ya musulunta, aka mayar masa da iyalinsa aka ƙara masa raƙuma 100, Annabi ya shugabantar da shi a kan waɗanda suka musulunta daga ƙabilun yankin. Maliku ya riƙa kai hari kan dabbobin Saƙifawa duk sanda suka fito kiwo, har zama ya yi musu ƙunci. A Ramadan na shekara ta 9 wakilansu suka zo Madina da ƙafarsu. Abin da majaujawa ta kasa, matsin hanya da makiyaya ya taimaka wajen kawo shi. Ka lura da abu biyu a nan: Maliku naɗa shi aka yi, kuma mutanen da ya matsa wa su ne waɗanda jiya-jiya suka fito da takubba a Hunaini.

Yanzu Abu Basir, Allah Ya yarda da shi. A sulhun Hudaibiyya, shekara ta 6, akwai sharaɗin cewa duk wanda ya gudo daga Makka zuwa Madina za a mayar da shi. Abu Basir ya gudo, Ƙuraishawa suka aiko mutum biyu, Annabi ya miƙa shi. Tsaya nan tukuna, ɗan uwa. Musulmi ne, ana azabtar da shi saboda addininsa, ya iso har gaban Annabi, amma aka miƙa shi saboda an riga an sa hannu a alkawari. Mai sautin WhatsApp bai karanto muku wannan wurin ba. A Zul Hulaifa Abu Basir ya kashe ɗaya daga cikin masu rakiyarsa, ya dawo, ya fahimci za a sake mayar da shi, sai ya bar Madina ya nufi gaɓar teku, kan hanyar fataken Ƙuraishu zuwa Sham. Abu Jandal ɗan Suhailu ya kuɓuce ya same shi, wasu suka biyo, har suka kai wajen mutum 70 a ruwayar Ibn Ishaƙ. Duk ayarin Ƙuraishu da ya biyo sai sun tare shi. Makka gari ne da ba ya noma, da fatauci yake rayuwa. Ba a daɗe ba Ƙuraishawa da kansu suka aika wa Annabi suna haɗa shi da Allah da zumunci ya kira mutanen nan Madina, sun yafe sharaɗin. Ya aika, suka ajiye makami suka taho. Malaman tarihi sun kawo cewa takardar ta iske Abu Basir a kan gargarar mutuwa, a can aka binne shi.

Ibnul Ƙayyim ya tattauna wannan ƙissa a Zadul Ma'ad, kuma abin da malamai suka fitar a fili yake. Abu Basir ba ya ƙarƙashin sulhun, domin ba a bar shi ya zauna a ƙasar da ta ƙulla sulhun ba. Waɗanda ya tare wa hanya su ne ainihin mutanen da suka ɗaure shi, suka kore shi, suke farautarsa. Bai taɓa garin Musulmi ba, bai kwashi matan kowa ya ce a kawo kuɗin fansa ba. Kuma ranar da saƙon shugaba ya zo, magana ta ƙare. To don Allah a nuna mini ɗaya daga cikin waɗannan a wurin wanda ya tare motar 'yan kasuwa masu sallah da azumi.

Akwai kuma Sumamatu ɗan Usal, shugaban Banu Hanifa na Yamama, wanda aka ɗaure a ginshiƙin masallaci kwana uku, aka sake shi ya musulunta. Da ya je Umra ya shaida wa Ƙuraishawa cewa alkamar Yamama ta daina zuwa musu sai da izinin Annabi. Ya kuwa cika. Yunwa ta kama Makka, suka rubuto suna kuka da zumunci, Annabi ya aika wa Sumamatu ya sakar musu abinci. Waɗannan fa su ne mutanen da suka tsare shi da danginsa a kwarin Abu Ɗalib kusan shekara uku har ana jin kukan yara daga waje. Dama ta zo ta ramawa da irin makaminsu, bai rama ba, saboda yunwa ba ta tambayar wane ne ya je Uhudu wane ne jariri. Ni a wurina nan ne zuciyar mas'alar take.

Mu mutanen Birnin Kudu da Gwaram bai kamata a yi mana dogon bayani a kan wannan ba, domin kakanninmu sun ɗanɗana. Wajen shekarar 1846 wani malami, Malam Hamza, ya tashi daga Tsakuwa ta ƙasar Kano shi da wasu malamai saboda rikicin haraji, suka shige duwatsun Ningi, cikin Butawa da Warjawa da maƙwabtansu. Malamai ne, masu allo da tawada, kuma kukansu na haraji ba a ce babu gaskiya a cikinsa ba. Amma dubi inda abin ya je. Zamanin Ɗan Maje, da Haruna Ƙarami, har zuwa Ɗan Yaya, abin ya zama hari ne a kai a kai a kan kudancin Kano, da ƙasar Bauchi, da Zazzau. Sarkin Kano Abdullahi Maje Karofi, wanda ya hau a 1855, ya sha fita da runduna, amma doki ba ya hawa dutse yadda mai dutsen ke hawa. Runduna na juyawa, mahara na saukowa. Ba su taɓa cin birnin Kano ba. Wa ya biya kuɗin? Garuruwan bakin iyaka irin namu, da Rano, da Takai, da ƙauyukan da ke tsakaninsu. Manomin da aka ɗauke a gona, matar da aka kama a hanyar rafi, ƙauyen da ya watse mutanensa suka tattaru bayan ganuwa suka bar gonaki masu nisa suka koma daji. Haka aka yi ta yi kusan shekara hamsin, har Turawa suka iso Ningi a 1902, suka ci Kano a 1903.

Kada wani ya ce ina yi wa 'yan uwanmu na Ningi gori. Rundunonin Kano ma sun shiga Warji da kewaye sun kamo bayi, ba wanda hannunsa ya fita fes. Yau kuwa mota ɗaya muke hawa daga Babaldu, kasuwa ɗaya muke ci, mun auri juna. Abin da nake so matashi ya gani shi ne yadda tafiyar da ta fara da malami mai ƙorafi ta ƙare da kamun talaka. Dalilin kuwa ba boyayye ba ne. Wanda ke daji dole ya ci abinci, ba ya noma, ba shi da baitulmali. Fada ta fi ƙarfinsa, bariki ya fi ƙarfinsa. Wa ya rage? Mai fartanya.

Abin da muke gani yau ke nan. A watan Afrilu na 2014 an kai hari ofishin 'yan sanda a Gwaram, an kashe mutane, mu nan mun san gidajen da aka yi zaman makoki. Ranar 28 ga Nuwamba 2020 aka bi manoman shinkafa na Zabarmari har gona aka yanka su, washegari aka yi jana'izar mutum 43. A sassan Zamfara da Katsina da gabashin Sakkwato, akwai garuruwan da sai an biya 'yan bindiga kafin a yi shuka, a sake biya kafin a yi girbi. Wannan ƙawanya ce cikakkiya, ko da ba a ga runduna a bakin ƙofa ba. Sayyidina Abubakar, da yake sallamar rundunar Sham, ya hana su taɓa mace da yaro da tsoho, ya hana sare itace mai 'ya'ya, ya hana yanka dabba sai don ci, kamar yadda Imamu Malik ya kawo a Muwaɗɗa. Wannan a yaƙi da Rumawa ke nan, ƙarƙashin halifa. Ina ga manomi Musulmi a gonarsa?

Sunan wannan aiki a fiƙihu hiraba. Aya ta 33 a Suratul Ma'ida ta zo da hukuncinsa, kuma babu hukunci mai tsanani irinsa a haddodi. A mazhabarmu ta Malikiyya, wanda ya tsoratar da hanya har mutane suka kasa bi ya zama muharibi ko bai kashe ba, ko bai ƙwaci komai ba. Sa rawani ko yin kabbara kafin harbi ba ya canza sunan.

Sai wurin da ya fi shafar mu da muke cikin gari. Mutanen daji ba sa rayuwa sai da hannu a cikin gari. Babur ba ya tafiya da ruwa, waya ba ta caji da iska, kuma ba wanda ke zaune a daji ya san ranar da Alhaji wane ya sayar da shanu a kasuwar Sara sai an gaya masa. Gwamnatin Zamfara ta gane haka a Satumba 2021, lokacin da aka katse layukan waya, aka rufe kasuwannin dabbobi na mako-mako, aka hana sayar da fetur a jarka. Dabarar ta matsa wa mahara na ɗan lokaci, amma ta matsa wa talakan da ke ci daga kasuwar nan, ga shi an kawo hari ba shi da layin da zai kira agaji. Duk hukumar da za ta ɗauki irin wannan mataki ya kamata ta riƙa tuna alkamar Sumamatu, ta san ranar da za ta sassauta.

Jumhurun malamai, Malik da Abu Hanifa da Ahmad, suna ganin mai taimakon muharibi, wanda ya tsaya gadi ko ya yi leƙen asiri, hukuncinsu ɗaya da wanda ya riƙe makamin. Imamu Shafi'i ne ya ce a yi masa ta'aziri. Ko a ra'ayi mafi sauƙi bai kuɓuta ba. Don haka kai mai gidan mai, kai mai burodi, kai mai kemis, kai ɗan acaɓa da ake ba ka ninki uku ka kai kaya bakin daji ba ka tambayi na wane ne ba, wallahi ka tambaya. “Ni ciniki nake yi” ba amsa ba ce idan ka san inda kayan ke zuwa. Wanda kuwa aka ɗora wa bindiga a ka, ko ƙauyen da aka tilasta wa biyan kuɗi don su tsira da rai, wannan babin tilas ne, ba a haɗa su da mai yi don riba, kuma zalunci ne a bi su da duka bayan wanda suka riga suka sha.

Hukuncin nan kuma na hukuma ne da alƙali. Ban ce matasa su ɗauki gora su far wa wanda suke zargi ba, ban kuma ce duk Bafulatanin da ya shigo kasuwa da sanda ɗan leƙen asiri ne ba, don su ma garkensu ake korewa, 'ya'yansu ake ɗauka. Wanda ya ga baƙon motsi, ya sami mai unguwa ko dagaci, su kai wa hakimi da jami'an tsaro. Su kuma jami'an su rufa wa mai kawo rahoto asiri, domin a wurare da yawa abin da ya rufe bakin mutane shi ne wanda ya kai magana da safe, kafin dare masu dajin sun san sunansa.

Wallahu a'alam.