Hatimin Juya Lokaci: Da Za a Ba Ka, Ka Karɓa?

Wani dare a ɗakin kwananmu, wani abokina ɗan Birnin Kudu ya karanta mana ƙagaggen labarin da yake rubutawa. A ciki ya ƙirƙiro wata ƙasa wadda malamanta ke da hatimai uku. In an zana na farko rana ta tsaya cik, na biyu ya komar da mutum jiya, na uku kuwa ya naɗe masa shekaru ya ajiye shi a gaba. Da ya gama ya tambaye mu wanne za mu zaɓa. Ban yi wata-wata ba na ce na biyu. Dalili kuwa, kakata ta aiko daga Gwaram tana son ganina, na ce sai an yi hutu, kafin hutun rai ya yi halinsa. Amma da na kwanta na yi ta juya maganar, sai na ga amsata tana da gyara.

Shi dai hatimi ba baƙo ba ne a ƙasar Hausa. Mafi shahara shi ne mai gida tara, wanda ake jera lambobi daga 1 zuwa 9, ta ko'ina aka haɗa a sami 15. Kusurwoyinsa huɗu su ne 2, 4, 6 da 8, waɗanda a lissafin abajada suke daidai da haruffan Larabci ba, dal, waw da ha. Daga nan ne kalmar baduhu ta fito, watau layar da ake cewa tana ɓatar da mutum daga idon jama'a. Wani malami Bakatsine, Muhammadu ɗan Muhammadu Alkashinawi, ya yi rubutu kan hanyoyin tsara irin waɗannan hatimai a 1732, ya rasu a Alƙahira a 1741. Haka kuma muna jin labarin waliyyai masu naɗe ƙasa, su yi tafiyar wata guda a dare ɗaya. Ashe kwaɗayin a fi ƙarfin lokaci ya daɗe a zukatanmu.

To, mu ƙaddara hatimin abokina yana ci. Abin da na mance a daren nan shi ne, lokaci ba gonata ba ce ni kaɗai, rijiyar gari ce. In na komar da duniya baya da shekara biyu don in gaisa da kakata, jaririn da aka haifa a maƙwabtanmu bara fa? Wanda ya sha wuya ya biya bashinsa, bashi ya dawo kansa ke nan. Wadda ta warke daga jinya ta koma kan tabarma. Wa ya ba ni iznin in kwashe wa mutane abin da suka samu don in share hawayena? Lalle wannan zalunci ne, ko da ƙauna ce ta jawo shi.

Wani zai ce, to a komar da ni kaɗai mana, in gyara kuskurena. Nan ma akwai magana. Abin da ya sa alkawari yake da nauyi shi ne in an saɓa ya saɓu. Da ana iya goge jiya kamar yadda almajiri ke wanke allo, da babu mai tuba, babu mai neman gafara, kowa sai ya yi ɓarna ya koma ya share. Hausawa sun ce da-na-sani ƙeya ce. Ciwonta ne ya sa yanzu in mahaifiyata ta kira ni ba na cewa sai an yi hutu. Hatimi na uku ma, wanda ɗalibai suka fi so, bai tsira ba. Wanda ya naɗe shekara huɗu ya tsinci kansa ranar karɓar digiri, takarda ya samu, kansa kuwa fanko.

Duk da haka, akwai alamar da ta yi kokawa da lokaci ba ta zalunci kowa ba, tana nan garinsu abokin nawa. A duwatsun Birnin Kudu, irin su Dutsen Mesa da Dutsen Habude, akwai zanen shanu da mutanen da suka yi. Baturen nan mai binciken kayan tarihi, Bernard Fagg, ya yi rubutu a kansu a tsakiyar shekarun 1950, tare da duwatsun da ke amo kamar ƙararrawa in an buga su. Abin lura, akwai shanu marasa tozo a zanen, alhali garken da Fulani ke kora yau tsakanin Birnin Kudu da Gwaram masu tozo ne. Shanun sun tafi, masu kiwonsu sun tafi, sunayensu sun ɓata, amma ga shi muna tsaye muna kallon abin da idonsu ya gani. Mai zanen bai tsai da rana ba, bai ta da matacce ba. Shaida ya bari, ta tsallako zamanai ta iske mu.

Saboda haka ni a ganina hatimin da ya halatta gare mu shi ne alƙalami. Kakata ta tafi da tatsuniyoyinta da tarihin zuriyarmu, ban rubuta ko layi ɗaya ba. Ya ɗan'uwa ɗalibi, in taka tana raye, kada ka jira hutu. Ɗauki littafi da biro, ka je ka zauna gabanta tun tana iya ba ka labari. Allah ya jiƙan magabatanmu, ya sa mu yi amfani da kwanakin da ya ara mana, amin.