Haƙuri da Kai Ƙara

Idan aka kama mutum da dare, aka tafi da shi, ba wanda ya san inda aka kai shi, me ya kamata iyalinsa su yi? Sau da yawa mukan ce musu, "Ku yi haƙuri, ku bar wa Allah." Maganar tana da daɗin ji. Amma daidai ne mai bi ya tsaya a nan? Ko kuwa kai ƙara kotu rashin gafara ne?

Bari mu dubi abin da ya faru a ƙasar Cadi. Daga 1982 zuwa 1990, a zamanin mulkin Hissene Habre, 'yan sandan ciki da ake kira DDS sun kama dubban mutane, Musulmi da Kirista, ba tare da an kai su gaban alƙali ba. Matar wanda aka kama ba ta san ko ta yi makoki ko ta ci gaba da jira ba. A 1992 kwamitin bincike ya ƙiyasta cewa mutum 40,000 ne suka mutu.

Cikin waɗanda aka tsare akwai Souleymane Guengueng, Kirista, ma'aikacin Hukumar Tafkin Cadi, wanda aka kama a 1988. A kurkuku ya yi wa Allah alkawari cewa in ya fita da rai zai nemi gaskiya. Da Habre ya gudu a 1990, sai ya shiga tattara shaidar waɗanda suka tsira da ta iyalan waɗanda suka ɓace. A 2000 shi da 'yan'uwansa suka kai ƙara a Dakar, inda Habre yake zaune. Kotunan Senegal suka ce ba su da hurumi, amma masu ƙara ba su fasa ba. A 2001 aka gano takardun DDS ɗauke da sunayen mutum 1,208 da suka mutu a hannunta. Ranar 30 ga Mayu 2016 wata kotu ta musamman a Dakar ta yanke wa Habre ɗaurin rai da rai.

To, ramuwa ce wannan? Mai ramuwa yakan yi wa maƙiyinsa abin da aka yi masa. Su kuwa sun nema wa Habre abin da ya hana wasu: alƙali, lauya, shari'a a fili, da damar ɗaukaka ƙara. Manzo Bulus ma, da aka yi masa dūka aka kulle shi a Filibi ba tare da shari'a ba, bai yarda a sallame shi a ɓoye ba, sai da mahukunta suka zo da kansu. Gafara takan wanke zuciya daga ƙiyayya, amma ba ta mai da ƙarya gaskiya. Ban da haka, shirunmu ba mu kaɗai yake shafa ba. Wanda ya kama mutum yau ba a tambaye shi ba, gobe ɗan maƙwabci zai kama.

Wani zai ce, "Shekara 16 ana wahala, kuma Habre ya mutu a 2021 kafin a biya su diyya. Ina riba?" Gaskiya ne, shari'ar 'yan adam tana da jinkiri da rashi. Duk da haka, uwar da ta ga sunan ɗanta a takarda ta san abin da ya same shi, kuma mai mulki na gaba ya ga ana iya tambayarsa.

Saboda haka, 'yan'uwa, in irin wannan ta faru a unguwarmu, kada mu tsaya ga jaje kaɗai. Mu rubuta sunan wanda aka kama, da ranar, da wurin, da shaidu. Mu raka iyalinsa wurin lauya da kotu, ba tare da duban addini ko ƙabila ba. Haƙuri na gaske shi ne na mai komawa gaban alƙali shekara bayan shekara, ba da gaba a zuciya ba, yana tambaya, "Ina aka kai shi?"