Iyakar Gona da Ɗaurin Talala

Ga tambaya wadda ta cancanci mu zauna mu auna. Mutum ya bugi maƙwabcinsa da ƙotar fartanya saboda iyakar gona, har ya fasa masa kai. Alƙali ya same shi da laifi. To, wanne ne adalci, a kulle shi a kurkuku, ko kuwa a sake shi ya koma gida bisa sharaɗi?

Mutanen Dakko, da na sauran ƙasar Bakura, da Talata Mafara, da Maradun, sun san zafin maganar ƙasa. Daga 1974 zuwa 1978 kamfanin Impresit na Italiya ya gina dam na Bakolori a bisa Gulbin Sakkwato. Ruwa ya cinye gonaki da gidaje a wajen Maradun. Aka baje filayen da za a yi wa ban ruwa, aka sare itatuwa, tsofaffin iyakoki suka ɓace. Manoma suka yi ta neman diyya, ba su sami mai saurare ba, har suka tare hanyoyin aikin. A watan Afrilu na 1980 'yan sanda suka buɗe musu wuta. Lissafin matattu da gwamnati ta bayar ƙarami ne, amma masu bincike sun ce sun haura 300.

Abin da Bakolori ta koya mana ke nan: sa'ad da aka rufe ƙofar kuka, hannu yakan ɗauki sanda. Saboda haka kada mu raina ɗaukaka ƙara. Waɗansu sukan ce taurin kai ne. Ba haka ba ne, gama alƙali mutum ne, yana iya kuskure, shaidu kuwa sau da yawa dangin mai ƙara ne. Shi ya sa aka jera kotuna hawa hawa, daga ƙaramar kotu zuwa Babbar Kotun Jiha, daga nan zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara, har Kotun Ƙoli. Wanda ya sani akwai inda zai kai kukansa gobe, ya fi iya riƙe hannunsa yau.

Amma a lura da abu ɗaya. Shari'ar duka dabam take da shari'ar gona. Mai ɗaukaka ƙara yakan ce, ai gonar ta ubana ce. Ko da ta ubansa ce, kan maƙwabcinsa ba na ubansa ba ne. In ya ɗaukaka ƙara domin an yi masa shaidar zur, ko domin hukunci ya fi laifin nauyi, ya yi daidai. In kuwa domin ya gajiyar da talakan da ya ji wa ciwo ne, ya ƙara zalunci a kan zalunci, wataƙila ma ya sayar da gonar domin biyan lauya.

Yanzu sai maganar ɗaurin talala, watau a saki mai laifi da doguwar igiya, wani ma'aikaci yana lura da shi, in ya karya sharaɗi a komo da shi gaban alƙali. A shekara ta 1841 wani mai ɗinkin takalma a birnin Boston na Amurka, John Augustus, ya roƙi kotu ta ba shi wani mashayi ya lura da shi maimakon ɗauri. Daga nan abin ya yaɗu, Ingila ta yi dokarsa a 1907. A Nijeriya dokar tarayya ta shari'ar laifuffuka ta 2015 ta tanadi wannan hanya, dokar gidajen gyaran hali ta 2019 kuma ta ɗora wa ma'aikatanta aikin lura.

Hujjar masu goyon bayansa tana da ƙarfi. Manomi in an ɗaure shi wata shida daga farkon damina, ya rasa abincin shekara, 'ya'yansa waɗanda ba su bugi kowa ba su ne za su sha yunwa. Ran da ya fito kuwa iyakar tana nan inda take, maƙwabcin yana nan, sai dai gaba ta ƙaru.

Amma kada mu manta da mai rauni. Shi ma ya rasa damina a kwance. In ya ga wanda ya fasa masa kai yana yawo a kasuwa kashegari, zai ce jininsa ba shi da daraja, 'ya'yansa kuma za su riƙe abin a zuci. In kuma mai kuɗi kaɗai ake yi wa talala, talaka yana shan ɗauri, wannan ba jinƙai ba ne, son kai ne.

Ga abin da muka gani. Talala daidai ce ga wanda wannan ne laifinsa na fari, wanda fushi ya kwashe shi nan take, ba wanda ya kwana yana wasa adda ba. Amma sai da abu uku: ya amsa laifinsa da bakinsa, ya biya kuɗin magani da hasarar aikin gona, kuma a raba gardamar iyakar a gaban dagaci da dattawa, a kafa alama wadda kowa ya shaida. In babu na ukun, an ɗaure miki ne ba a cire ƙayar ba.

Kai mai karatu, in akwai wata kunya da kai da maƙwabcinka kuke jayayya a kanta, ka kira dattawa tun da rani, kafin ruwan shuka ya sauka.