Kifin Walimar Mushe

Da Mushe, wato malamin makaranta, ya ajiye alli bayan shekara talatin da wani abu yana koyarwa, 'ya'yansa suka ce abin ba zai wuce shiru ba, sai an yi walima. Mutumin ya zaga Arewa kaf: Matankari aka fara kai shi, sai Dogon Kiriya, daga nan aka gangaro da shi kudu, Geceme da Kore Mairuwa da Dumega na yankin Tibiri, tun Tibirin na ƙarƙashin Dogon Dutse, kafin ta zama gunduma mai zaman kanta a 2011. Duk garin da ya zauna ya bar ɗalibai, waɗansu yanzu da furfura. Ana jin labari kowa ya ce da shi za a yi.

Aka raba aiki. Babban wa ya ɗauki rago, yayye mata suka ɗauki shinkafa da miya. Auta, wadda ke aiki a Yamai, ta ce a bar mata abin motsa baki, wanda baƙi za su ɗan taɓa kafin a sauke tukunya. Ta riga ta san abin da za ta yi, don a waya ta gan shi: wata Baturiya ta zuba kifin salmon mai hayaƙi a kwano, ta sa cuku mai laushi, ta matsa lemun tsami, ta barbaɗa ganye da masoro, ta cakuɗa, ta shafa a kan yankan burodi. A ƙasan hoton an rubuta minti goma.

Salmon kifin ƙasashen sanyi ne. A kogi ake ƙyanƙyashe shi, ya tafi teku ya girma, ya dawo kogin haihuwarsa ya yi ƙwai. Wanda ke kasuwa yanzu yawancinsa na kiwo ne, kuma Norwe kaɗai tana fitar da fiye da tan miliyan 1 a shekara. A Yamai sai manyan kantuna masu firji, da kuɗin da ya isa cefanen gida na kwanaki. Ko ta saya ma, tsakanin Yamai da Dogon Dutse, inda za a yi walimar, fiye da kilomita 270 ne a cikin motar haya. Auta ba ta ko wahalar da kanta ba. Ta ce kifi mai hayaƙi ai banda ke nan, ga shi ana kawowa daga bakin kogi wajen Gaya. Cuku mai laushi kuwa, ta samo kindirmo mai kyau wurin Fulani, ta juye a farin ƙyalle, ta ɗaure ta rataye tun dare, ruwan na ɗiga, har safiya ya daskare ana iya yanka shi da cokali. A nan kam ta yi kai, ko 'yan adawarta a gidan sun yarda.

Da hantsi ta jiƙa bandar a ruwan zafi mai gishiri, tarwaɗa da karfasa a haɗe, don ta yi laushi yashi ya fita. Ta cire kawuna, ta zare ƙashin baya, ta ɓare fata. Sai ta dubi agogo, ta dubi tulin kifi, ta tuna minti goma. Ta kwashe abin da ta gyara ta antaya a turmi. Ta kirɓa, ta kirɓa, ta kwashe a babban kwano, ta sa kindirmo, da mayones cokali biyu, da lemun tsami, da lawashin albasa da ta yanka sirara, da masoro. Abin ya yi kyau, ƙamshi har zaure.

Gwaggo na zaune a gindin bedi tana gyaran tattasai. Yayar Mushe ce, daga wajen Lugu aka ɗauko ta, garin Sarauniya Mangu da ta tsaya wa rundunar Voulet da Chanoine a 1899, shi ya sa in ta kafe a kan magana jikoki ke cewa jinin ne ya motsa. Yana ta rufe mata ido ɗaya, ɗayan ma sai a hankali. Amma ba a fitar da abinci a gidan da take ba ta ɗanɗana ba.

Auta ta kawo mata a cokali tana murmushi. Gwaggo ba ta kai baki ba tukuna. Ta lakata da yatsa, ta murza tsakanin babban yatsa da manuni, ta sake murzawa. Sai ta miƙo hannu.

"Ke Auta, mene ne wannan?"

A kan yatsan akwai wani abu fari siriri, bai kai tsawon ƙwayar shinkafa ba.

"Ƙaya ce, Gwaggo. Guda ɗaya ce ta tsere."

Gwaggo ta sake lakata daga wani gefe. Biyu suka fito.

"Haba Gwaggo, wa ya taɓa cin kifi bai gamu da ƙaya ba? Kowa ai ya san kifi."

"Kowa ya san kifi in ya gan shi kifi," in ji tsohuwar. "Ki ba mutum karfasa sukutum a faranti, zai zauna, ya sa ido, ya bi ta a hankali yana fid da ƙaya. In ta soke shi, shi ya yi sakaci. Amma ke kin daka. Kin shafe ta da nono, kin sa ta yi laushi, kin ce masa ga abin da ba ya buƙatar ido. Tunda kin karɓe masa ido, ɗiyata, ai tsaron ya dawo wuyanki."

Auta ta yi shiru. Gwaggo ta ci gaba da lissafa mata masu ci: abokan Mushe da haƙora suka ƙare musu, waɗanda haɗiya suke yi ba tauna ba, yara da za su wawura su ruga, da manyan baƙi da za su ci suna tsaye, baki cike ana gaisuwa ana dariya. Wanda ya taɓa ganin mutum da ƙaya a maƙogwaro ya san ba abin wasa ba ne. Mu a gida lomar tuwo muke cewa a haɗiye ta tura ta, likitoci kuwa suna hana wannan, don lomar na iya ƙara cusa ta cikin nama. In ta nutse, sai an nemi asibitin da ke da kayan leƙa maƙogwaro, wata sa'a har Doso ko Yamai.

Abin da hoton wayar bai nuna ba shi ne, kafin salmon ya iso hannun Baturiyar, an riga an fere shi a masana'anta, an bi tsokar an zare ƙananan ƙayoyi ɗaya bayan ɗaya, da inji ko da hantsaki a hannun ma'aikata. Minti goman gaskiya ne, sai dai a kan aikin waɗansu aka ɗora shi. Bandar Gaya kuwa babu wanda ya taɓa ta tun da masunci ya sauke ta daga kan wuta.

Sha ɗaya ta wuce, baƙi kuma bayan azahar za su fara sallama. Wata yayar Auta ta leƙo daga madafa ta ce a mayar turmi a ƙara kirɓawa, ai za ta narke. Gwaggo ta ce ƙaya ba ta narkewa, gutsurewa take yi, guda ta zama huɗu, kowace da tsininta. Auta ta ɗauki kwanon ta shiga ɗaki, ta rufe shi da faifai, ta zauna a bakin gado. Kuɗinta ne a ciki, da bakinta da ta yi a gaban 'yan'uwa. Ta san in ta fitar da shi haka, wataƙila a cinye lafiya ba wanda ya ji komai. Wataƙila kuma mutum ɗaya. Ta daɗe a kan wannan mutum ɗayan, tana ba shi fuska: yanzu tsohon daraktan da ya riƙe Mushe a Matankari, an jima ɗan yayarta mai shekara uku.

Ta fito da kwanon. "Gwaggo, zubarwa zan yi?"

"A zubar da abinci? Ɗauko mini rariya."

Rariyar waya ta tankaɗen gari aka wanke aka ɗora a kan roba. Ana zuba cokali biyu, a danna da bayan ludayi, a murza, a murza, laushin ya fita ta ƙasa zare-zare, a kankare da wuƙa. Aikin ba ya sauri ko kaɗan. Hannun Auta ya gaji, ƙanwar maƙwabciya ta karɓa, ta gaji, aka sake. Abin da ya rage a saman rariya Gwaggo ta sa aka juye a farin faranti aka baza. Da Auta ta kai shi rana ta duba, sai da tsigar jikinta ta tashi: haƙarƙarin karfasa masu lanƙwasa, gutsattsarin ƙayar baya, da wani yanki na ƙahon tarwaɗa mai haƙora irin na zarto, wanda taɓarya ta raba biyu. Ba ta ƙirga ba. Ta kai farantin bayan gida ta haƙa rami ta binne, don kada kaji ko yara su bi.

Sai ga wata matsalar: rariya ta cinye kusan rabi. Abin da ya rage ba zai zaga zaure ɗaya ba. Akwai sauran banda da ba ta shiga turmi ba, Gwaggo ta ce a kawo mata tire. Ta zaunar da 'yan mata biyu a gabanta ta nuna musu: a ɓare tsoka kaɗan-kaɗan, kowane ɓari a murza shi sau biyu a yatsa kafin a jefa a kwano, kuma ba a hira. Ita da ba ta gani sosai ta fi su sauri.

Duk da haka bai isa ba, sai uwar gida ta tuna da dankali. Lokacin haƙarsa ne, lambunan gefen Tafkin Sao sun cika kasuwa, buhu-buhu ana lodi zuwa Yamai. Aka dafa 'yan madaidaita, aka ɓare, aka murƙushe da zafinsu, aka bari suka huce sarai kafin a haɗa, don zafi na tsinka kindirmo. Dankalin ya sha gishirin bandar, ya sa abin ya kama jikinsa a kan burodi. Auta ta ƙara lemun tsami da ɗan yaji. Aka sayo ƙanƙara aka zuba a babbar roba, aka dasa kwanon a tsakiya, don nono da kifi ba sa jure zaman rana. Burodi kuma aka yanka shi ƙanana, aka gasa a kan garwashi, ba a shafa ba sai da aka ji sallamar farko.

Aka ci. Tire na fita, tire na dawowa wayam. Tsohon daraktan ya ci uku yana ba da labarin shekarar da iska ta kwashe rufin aji. Da Mushe ya tashi godiya, ya yaba rago, ya yaba shinkafa, ya sa wa 'ya'ya albarka a dunƙule. Ba wanda ya ambaci kifi, balle ƙaya.

Da la'asar sakaliya matar wani tsohon ɗalibi daga Kore Mairuwa ta ja Auta gefe. Tana da bikin ɗiya bayan salla, tana son irin wannan, ta ji an ce abu ne na minti goma. Auta ta lissafa mata: banda, kindirmo, dankali, burodi, ƙanƙara, sai ladan 'yan mata biyu da za su zauna tsintar ƙaya daga hantsi zuwa azahar.

"A cire na 'yan matan mana," in ji matar. "Ba turmi ake sawa ba?"

"Hajiya, in babu su ba zan iya ba."

Matar ta ce za ta yi shawara da maigida, kuma ba ta sake aikowa ba. Washegari kafin Auta ta tafi tasha, sai da ta biya kasuwa ta saya wa uwarta sabuwar rariya, don ludayi ya huda waccan a wuri biyu.