ABIN DA KA YAR, NA WANE NE?

Duk wanda ya bi hanyar Kano zuwa Gwarzo, in ya iso Garo ta ƙasar Kabo, zai ga abin da ake gani a kowane gari na bakin kwalta, watau tsofaffin tayoyi jibge a gindin itacen mai faci. Masu su sun biya kuɗin sababbi, sun hau motocinsu sun tafi. To, ga tambaya, 'yan'uwa. Sa'ad da mutum ya gama cin moriyar abu ya yar da shi, ya fita hakkinsa ke nan? Yawancinmu za mu ce i. Ni kuwa ina ganin ba haka ba ne.

Kakanninmu ba su sha wahalar wannan tambaya ba, gama abin da suka zubar ƙasa ce take karɓa. Ƙwarya ta fashe ta zama sakaina, tukunya ta zama tsingaro, toka da kashin awaki suka tafi gona. Manoman kewayen Kano sun daɗe suna kwasar jujin birni a kan jakuna domin taki, shi ya sa gona ɗaya take ba da hatsi shekara da shekaru ba hutu. Taya dabam take. Wani mutumin Amurka, Charles Goodyear, shi ya gano dabarar dafa danƙo da farar wuta, aka ba shi takardar mallakar dabarar a 1844. Dahuwar nan ce ta sa taya take jure zafi da nauyi. Ita ce kuma ta sa ba ta ruɓa, gara ma ba ta cinta. In an bar ta a fili sai ta tara ruwan sama, sauro ya yi ƙwai a ciki. In an ƙone ta sai baƙin hayaƙi ya shiga ƙirjin maƙwabci, ko kuwa ya shiga ganda, inda ake babbaka da ita.

Masu sana'a na ƙasarmu sun yi ƙoƙari. Sun yanka takalma, sun ɗinka guga da tif, sun tsaga igiya, sun yi kwamin shayar da dabbobi. Amma ana lissafta tayoyin da suke ƙarewa a duniya kowace shekara wajen miliyan 1,000 ne. Ƙafafun da za su sa takalman nan duka fa?

Daga nan ne maganar hanya ta taso. A shekarun 1960 wani injiniya na birnin Finiks a Amurka, Charles McDonald, yana neman abin da zai liƙe tsagar kwalta, sai ya gwada garin tsohuwar taya. Ga yadda ake yi. A zare wayar ƙarfen da ke ciki, a niƙa robar ta zama kamar tsaki, a zuba ta cikin tafasasshiyar kwalta, wajen kashi 1 cikin 5, a yi ta damawa har ta kumbura ta yi kauri, sa'an nan a gauraya da tsakuwa a shimfiɗa. Hanya irin wannan ba ta saurin tsagewa, tana jure zafin bazara, ƙarar mota ma tana raguwa a kanta. Afirka ta Kudu tana aiki da ita tun shekarun 1980. A Indiya kuwa wani malamin kimiyya na birnin Madurai, Rajagopalan Vasudevan, ya shimfiɗa hanya a 2002 da tsakuwar da aka lulluɓe da narkakkiyar leda, irin ledar nan da take kashe mana tumaki. A Ibadan ma akwai masana'anta mai mai da tayoyi tubalan daɓe.

Mai karanta Littafi Mai Tsarki zai tuna da Ebed-melek mutumin Habasha, cikin Irmiya sura 38. An jefa annabi cikin rijiya marar ruwa, yana nutsewa a laka. Da bawan nan ya sami izinin sarki ya fid da shi, bai ruga bakin rijiya da igiya kaɗai ba. Sai da ya bi ta gidan sarki ya tsinto tsummoki da yagaggun tufafi, ya zura wa Irmiya domin ya sa a hammata, kada igiya ta yanke shi. Shekara nawa tsummokin nan suka yi a yashe, manyan fada suna wucewa? Baƙo ne ya gan su, kuma abin da ya buɗe idonsa shi ne tunanin fatar wani mutum. Haka yake ga taya. Wanda yake tuna da ƙirjin maƙwabcinsa shi zai nemi inda za a kai ta.

Amma kada mu yi saurin tafi, gama akwai wani abu mai kama da wannan wanda ha'inci ne. Ɗan kwangilar da ya cika rami da juji maimakon marmara, ya rufe da kwalta, shi ma zai ce ya yi amfani da abin da aka zubar. Ranar buɗe hanya aikinsa da na mai gaskiya kamarsu ɗaya, baƙi wul, sumul. Damina ce take raba su. Kwaltar roba ma kanta tana son wuta fiye da ta kullum, tana son awo, kuɗinta na farko kuma ya fi yawa. In an yi ta da ganganci sai ta ɓaɓɓare kamar kowace. Haka kuma tayoyin gwanjo da ake shigo da su daga ƙetare, ko da yake dokar kwastan ta Nijeriya ta hana yawancinsu. Mai aiko su yana iya cewa ya taimaki talaka da abu mai araha, alhali jujinsa ya sauke a ƙofar wani, har ya karɓi kuɗi. In tayar ta fashe da mota cike da 'yan kasuwa, ba shi za a yi wa ta'aziyya ba.

Har wa yau, a 2020 masana a jihar Washintan ta Amurka suka gano cewa wani magani da ake sa wa taya domin kada ta tsage, in ruwan sama ya wanke ƙurarta daga hanyoyi zuwa rafi, yana kashe wani irin kifi. Ruwan da ya sauka daga kwalta a ƙasar Kabo da Gwarzo kuwa fadamu yake tafiya, da madatsan ruwa inda ake noman rani ana kamun kifi. Saboda haka ranar da aka ce za a kawo mana hanyar roba, daidai ne mu yi murna, daidai ne kuma mu tambayi wanda ya gwada ta, da inda ruwanta zai gangara.

Ga hukuncina. Abu naka ne har ran da ka sa shi a hannun wanda zai iya aiki da shi ba tare da cutar kowa ba. Wani zai ce, manomin Garo ba shi da injin niƙa taya, me za a nema a wurinsa? Gaskiya ne, babban kaya na manya ne. Afirka ta Kudu tana karɓar haraji a kan kowane kilo na sabuwar taya tun 2017, watau mai hawa shi yake biya, ba mai shaƙar hayaƙi ba, wannan kuwa ya yi mini daidai. Amma ƙaramin kaya namu ne. Yaran da suke yawon bola jari suna ɗaukar abin da muka ƙi ɗauka, mu kuwa mukan kore su kamar ɓarayi, mu hana 'ya'yanmu zama kusa da su. Ya kamata a biya su da kyau, a kuma gaishe su da sunansu.

A harabar majami'u da yawa akan kafa tayoyi kewaye da 'yan itatuwa saboda awaki, ko a bar wa yara su yi gare. Ba laifi. Sai dai dattawan ekklesiya su zaga kafin ruwan fari, wadda za ta zauna a huda ta ko a cika ta da ƙasa, sauran kuwa a tara su ƙarƙashin rumfa, a aika wa mai yanka takalma ranar kasuwa.