Leƙen Hoton Mutane A Instagram: Jan Hankali Ga Iyayen Gida

 Nasiharmu ta wannan fitowa a kan wani ɗan ƙaramin abu ne da ke cikin wayoyinmu.

Duk mai amfani da Instagram, dandalin hotunan nan da aka buɗe a 2010, ta san ɗan kewayayyen hoton da ke saman shafin kowa, wanda bai kai girman kwabo ba. Ko mace ta kulle shafinta, wannan hoton kowa na ganinsa. To sai ga wasu shafukan intanet da manhajoji da ba su da aiki sai wannan: a rubuta sunan mutum, su fito da hoton ƙato, har a sauke shi a waya.

Kada mu ce samari ne kawai. Mu ma muna ciki, wallahi. Uwargida ta ji maigida zai ƙara aure, kafin a kai lefe ta nemo sunan yarinyar, ta buɗe hoton, ta ƙare wa hanci da haƙora kallo, sannan ta tura wa aminai a WhatsApp a yi ta tanka. A zama ɗaya an haɗa bin diddigi, mummunan zato da cin naman mutum, alhali duka ukun Allah ya hana su a aya ɗaya, ta 12 cikin Suratul Hujurat.

Bukhari da Muslim sun ruwaito daga Sahlu ɗan Sa'ad (RA) cewa wani mutum ya leƙa ɗakin Annabi (SAW) ta wata kafa, lokacin yana sosa kansa da wani abu mai kama da mataji. Ya nuna masa da ya san kallonsa yake yi da ya tsokane masa ido da shi, ya kuma bayyana cewa saboda kallo ne aka shar'anta neman izini. Ku lura, mutumin nan bai shiga ba, bai ɗauki komai ba. Kafa ya gani ya sa ido.

Wata za ta ce, ai ita ta sa hotonta da hannunta. Gaskiya ne, kuma abin da ido ya faɗa kansa ba da niyya ba babu laifi. Jarir ɗan Abdullahi (RA) ya yi tambaya a kan haka, aka umarce shi da ya kawar da kai. Amma neman manhaja, rubuta suna, zama a ƙura ido, wannan ba bazata ba ce. Umarnin runtse ido kuwa a Suratun Nur bai tsaya ga maza ba, aya ta 31 da mu take magana. Mafi muni shi ne a miƙa wa maigida wayar, wai "dubi abin da za ka kwaso". An hana mace ta siffanta wa mijinta wata mace kamar yana ganinta, ina ga nuna masa ita?

Sai naki hoton, 'yar'uwa. Ki ɗauka duk abin da kika sa a wannan da'irar baƙo zai iya ganinsa cike da fuskar wayarsa, da kwalliyar da kika yi don mijinki. Ki duba na 'ya'yanki mata ma. Kuma duk manhajar da ta nemi lambar sirrinki kafin ta nuna miki hoton wata, kada ki ba ta. Ta irin wannan hanya ake sace shafukan mutane a riƙa roƙon kuɗi da sunansu.