Rumfar Keke: Tawakkali da Haƙƙin Hanya

Rumfar keke ƙaramin gini ce: ginshiƙai huɗu na ƙarfe ko katako, 'yan fallayen kwano a sama, da turken ƙarfe da aka kafa da siminti domin a zarga sarƙa a danna kwaɗo. Akan yi ta idan zaure ya yi kaɗan, ko a gidan hayar da ba shi da zaure. Ruwan damina yana sa ƙarfen keke tsatsa, rana tana busar da taya da sirdi har su tsattsage, ɓarawo kuwa ba ya son abin da zai ɓata masa lokaci. Duk da ƙanƙantarta, akwai mas'aloli biyu na addini a ƙarƙashin kwanonta.

Ta farko ita ce tawakkali. Akwai masu ganin yawan kulle-kulle raunin imani ne, tunda abin da Allah ya tsare babu mai ɗauka. Tirmizi ya ruwaito daga Anas ɗan Malik cewa wani mutum ya tambayi Annabi (SAW) ko ya ɗaure taguwarsa ya dogara ga Allah, ko ya sake ta ya dogara. Aka umarce shi da ya ɗaure, sannan ya dogara. Daga nan malamai suka ce riƙo da sababi aikin gaɓoɓi ne, tawakkali aikin zuciya, kuma ɗaya ba ya korar ɗaya.

Fiƙihu ma ya ba tsaro matsayi a babin sata. Ba a tsayar da haddi sai abin da aka sata ya kai kimar rubu'in dinari ko dirhami 3, kuma an fitar da shi daga hirzi, wato ma'ajiyarsa. A Muhtasar na Shehu Halil, hirzi shi ne wurin da ba za a ce wanda ya ajiye kayansa a can ya tozarta su ba. Ma'aunin ke nan al'adar mutane, shi ya sa aka lissafa matsayar da aka saba ɗaure dabba cikin hirzi. Rumfa mai turke da kwaɗo ta fi kusa da wannan misali. Keken da aka jingina a bango aka shige gida har gari ya waye, ɗaukarsa haramun ce ba shakka, amma da wuya 'yan unguwa su wanke mai shi daga sakaci.

Mas'ala ta biyu, haƙƙin maƙwabci da na hanya, ta fi jawo rigima, domin rumfar waje takan jingina da katangar wani ko ta ci lungu. Buhari da Muslim sun ruwaito daga Abu Huraira cewa kada maƙwabci ya hana maƙwabcinsa kafa itace a bangonsa. Imam Malik ya ɗauki wannan a matsayin mustahabbi, Imam Ahmad ya ga wajibi ne idan akwai buƙata kuma babu cutarwa. A mazhabar Malikiyya ke nan sai an nemi izini. Ko an samu izinin, gangaren kwano bai kamata ya zubar da ruwa a gindin katangar ƙasa ba, domin damina ɗaya ta isa ta zaizaye ta.

Hanya kuwa ba ta da mutum ɗaya da zai yafe. Hadisi ya ƙayyade faɗinta da zira'i 7 idan an yi saɓani, kuma Halil ya kawo cewa alƙali zai sa a rushe ginin da aka yi a kan hanyar jama'a ko da bai cutar da kowa ba.